Giya da aikin ido na lesa, maganar da ba ma so a yi a gaban mutane

Duk wanda zai yi aikin gyaran ido da lesa, wato inji mai aiki da haske mai ƙarfi, irin wanda ake yi don mutum ya rabu da tabarau, sai an ba shi fom ya cike, kuma a cikin tambayoyin akwai guda ɗaya da mu Hausawa muke tsallakewa da gudu, wato kana shan giya? Ni da yake a unguwar Idi-Araba ta Legas nake zaune kuma ina jin turanci da ɗan yarbanci, mutanenmu sun saba ɗaukata rakiya asibitoci ina musu tafinta, daga 'yan Agege da Mile 12 da Alaba Rago har direbobin tanka na Apapa, to wannan tambayar na sha jinta kuma amsar kusan kullum ɗaya ce, "Subhanallahi, ni fa musulmi ne." Kuma wallahi mafi yawansu gaskiya suke faɗa. Amma ba duka ba, ni da kai mun san haka. Legas ce, yaro ya baro gida ba idon uba ba idon kawu, wasu sun faɗa ciki suna sha a ɓoye, ga kuma 'yan uwanmu masu jin Hausa da ba musulmi ba da su ma suke karanta irin wannan rubutun. Hukuncin giya a addini malamai sun gama bayaninsa, ban zo ƙara komai a kai ba, ni abinda ya dameni idon mutum ne da za a taɓa alhali likita bai san abinda ke cikin jininsa ba.

Bari in fara da yadda aikin yake don a gane dalili. A gaban baƙin ido akwai wata siririyar fata mai garai-garai da likitoci ke kira koniya, kaurinta gaba ɗaya wajen rabin milimita ne. A aikin da ake cewa LASIK, ana yanka ɗan siririn murfi a samanta a ɗaga shi gefe kamar yadda ake ɗaga ɓawon albasa, sai lesa ta sassaƙe abinda ke ƙasa ta gyara masa siffa, sannan a mayar da murfin. Ba ɗinki fa, da kansa yake mannewa. Akwai PRK wanda ya girmi LASIK, shi ba a yin murfi, goge saman fatar ake yi gaba ɗaya ta sake tsirowa cikin kwana 3 zuwa 5, shi yasa ya fi zafi, akwai kuma SMILE da ya zo daga baya wanda ɗan ƙaramin yanka ake yi a zaro abinda za a cire. Duk cikinsu ba a sa mutum barci, maganin kashe zafi ake ɗiga maka a ido, idonka biyu kana jin maganar likita, ana ce maka kalli wannan ɗigon hasken kar ka motsa, kuma ido biyun duka bai cika wuce minti 30 ba.

To ka ga aikin da ke buƙatar hankalinka a jikinka. Wanda ya kwana yana sha ya wayi gari kai na sarawa, ido jajir, zuciya na tashi, ta ina zai iya tsayar da ido wuri ɗaya? Gaskiya ne injin yana da abinda ke bin motsin ido, in ya kauce da yawa ma tsayawa yake, amma ba a yi shi don wanda idonsa ke rawa saboda maye ba. Sannan takardar yarda da za ka sa wa hannu, likita mai mutunci ba zai karɓi sa hannun wanda ke warin giya ba, ɗage aikin zai yi, ka yi asarar ranar da kuɗin mota da gosulon da ka sha a gadar Third Mainland kafin ka isa tsibirin Legas.

Amma wanda ya fi bani tsoro shi ne maganin kwantar da hankali. Asibitoci da dama in sun ga mutum ya tsorata suna ba shi ƙwaya kafin a shiga, galibi diazepam wanda aka fi sani da Valium. Shi da giya hanya ɗaya suke bi a ƙwaƙwalwa, duk biyun rage gudun jiki suke yi har da numfashi, in suka haɗu kowanne ƙara wa ɗan uwansa ƙarfi yake. Likitan da ka ce wa ba ka sha zai baka ne da zuciya ɗaya. Haka nan maganin tari mai kodin da taramol, su ma duk layi ɗaya ne, kuma duk da gwamnati ta hana haɗawa da shigo da maganin tari mai kodin tun 2018 kowa ya san bai ɓace daga hannun samarinmu ba. Duk wanda yake taɓa ɗaya daga cikinsu dan Allah ya faɗa, ranar wanka ba a ɓoye cibi.

Ka'idar da aka fi bayarwa ita ce kar a sha komai aƙalla awa 24 kafin aiki, wasu likitocin su ce kwana biyu. Sai dai nan akwai wani abu da ba a cika faɗa ba. Mutumin da ya saba sha kullum kullum kuma da yawa, in ya yanke rana ɗaya farat ɗaya, jikinsa na iya fara karkarwa da gumi da faɗuwar gaba cikin awa 6 zuwa 24, wani ma har jijjiga, kuma abin ya fi tsanani a kwana na biyu da na uku, wato daidai ranar da za a kwantar da shi a ƙarƙashin inji kenan. Irin wannan ba ranar jajiberin aiki zai daina ba, tun ranar farko da ya je gwajin ido ya kamata ya gaya wa likita a tsara masa yadda zai bari a hankali da kulawa, ko da za a ɗage aikin ne zuwa wani watan.

Akwai kuma waɗanda tsakaninsu da Allah ba su san suna sha ba. Je ka kowace tasha a garin nan, Oshodi ne ko Obalende, za ka ga mata da kwalabe jere cike da sassaƙe da saiwoyi, paraga kenan, wai maganin ciwon baya ko basir ko shawara ko ƙarfin maza, da yawansu da ogogoro, wato giyar gargajiya mai ƙarfi, aka jiƙa su ba da ruwa ba. Ga kuma ƙananan ledoji da kwalabe masu ɗaci da ake cewa bitas, su ma da giya a ciki, irin wanda hukumar kula da abinci da magunguna NAFDAC ta sanar da hana sayar da su a leda da kwalbar da ba ta kai 200ml ba a 2024. Ɗan dako ko ɗan acaɓa ya wuni yana aiki baya ya riƙe, aka ce masa ga magani, ya kurɓa ya ji jiki ya saki, shi a ransa magani ya sha. In nas ta tambaye shi giya zai rantse ya ce a'a kuma bai yi ƙarya da gangan ba. Shi yasa ni in ina tafinta nake ƙarawa da cewa, Malam akwai wani jiƙo ko tsimi da kake saya a tasha? Kuma ogogoron da ba a san asalinsa ba shi kansa makanta yake jawowa in akwai metanol a ciki, wani nau'in alkohol mai guba, a 2015 a Ode-Irele ta jihar Ondo mutane sun mutu wasu sun rasa ganinsu ta haka, wannan jijiyar ido yake ƙonewa, ba lesar da ke gyara ta.

Af, tunda ana maganar abinda ba a so ranar aiki, turare ma ba a so, tururinsa na iya shafar aikin lesar, kuma mun san halinmu da turare. Kwalli ma haka, mata da maza, a bar shi tun kafin ranar sannan bayan aiki sai likita ya ce a ci gaba.

Bayan aiki kuma, babbar matsalar da kusan kowa ke fuskanta ita ce bushewar ido, saboda an yanke ƙananan jijiyoyin da ke sanar da ido cewa ya kawo ƙwalla, kuma sai sun ɗauki watanni suna farfaɗowa, yawanci 3 zuwa 6. Giya kuwa ruwan jiki take kora, tana danne sinadarin da ke sa ƙoda ta riƙe ruwa shi yasa mashayi ke yawan fitsari, ƙwallar ma lalata ta take yi ta dinga saurin bushewa. Ka haɗa wannan da fanka da ke kaɗawa kanka duk dare, ko esi na ofis, ga hayaƙin janareta da na motocin danfo, in lokacin hunturu ne ga ƙura, ido zai dinga yaji da ƙaiƙayi, kuma abinda hannu zai fara yi shi ne murzawa. Nan ne haɗarin yake. Murfin nan da na ce ba a ɗinke shi ba, a kwanakin farko murza ɗaya mai ƙarfi na iya gusar da shi ko ya tattare, sai an koma an sake ɗagawa an shimfiɗa. Mai hankalinsa zai tuna ya riƙe hannunsa, zai tuna ya manna murfin roba na kare ido da aka ba shi kafin ya kwanta, zai tuna lokacin ɗiga maganin kashe ƙwayoyin cuta da na rage kumburi da na jiƙa ido, wanda wasu sau huɗu ne a rana ko fiye. Wanda ya bugu ba zai tuna ko ɗaya ba, kifewa zai yi a katifa da fuska, ko ya yi tuntuɓe a matakala tunda dama ganin bai gama washewa ba.

Ga maganin zafi kuma, musamman masu PRK. Farasitamol da giya hanta suke wahalarwa, ibuprofen da diclofenac da giya ciki suke ci har ya kai ga zubar jini, in kuwa mai ƙarfi aka baka irin mai kodin to mun koma maganar numfashi. Yawanci za a ce maka kar ka kusanci giya awa 24 zuwa 48 bayan aiki, wasu su ce sati guda, ni dai ra'ayina wanda ya iya haƙura har ya gama ɗige-ɗigen magungunansa ya ƙi komawa gaba ɗaya shi ya fi kowa riba, kuma na san mutum zai iya in ya samu wanda zai tsaya masa ba tare da gori ba.

Wani zai ji cewa a PRK likitoci da yawa suna amfani da ruwan alkohol da aka tsarma wajen kashi 20 cikin 100 don sassauta saman fatar, hankalinsa ya tashi. Daƙiƙu kaɗan yake yi a kan ido a wanke shi, ba ya shiga ciki ba ya sa maye, wanda zuciyarsa ba ta kwanta ba ya tambayi malaminsa, kuma ya haɗa da tambayar alwala da taimama tunda za a hana shi barin ruwa ya shiga idon na wajen sati guda.

Saura mu 'yan rakiya. Yaro ba zai taɓa cewa ina sha ba alhali yayansa ko maigidansa ko ɗan unguwarsu na zaune a gefe yana fassara, gara masa ya ɗauki kasadar. To in aka zo wannan layin na fom, ni abinda nake yi shi ne in ce masa, ɗan uwa, wannan tsakaninka da likita ne, in eh ne ka ɗaga masa kai in a'a ne ka girgiza, zan ɗan fita in dawo. Likita ba zai kai maganarka masallaci ba, aikinsa ya hana shi faɗa wa kowa. Kuma mai rakiya ya tsaya har a gama ya kai mutum gida don ba a tuƙi ranar, mota ko mashin, washegari ma ya raka shi a duba idon. In an koma gida aka ga zafi na ƙaruwa maimakon raguwa, ko gani ya dusashe lokaci ɗaya, ko ido na fitar da ruwa mai kauri, ko an buge shi a idon, a koma asibitin a ranar ko da dare ne, kuma in ya sha wani abu a faɗa wa likita ko mene ne da kuma lokacin da ya sha.