Daga Kano zuwa Duwatsun Abzin

Sana'ar turkuɗi ce ta kai ni Abzin. Mahaifinmu ya daɗe yana sayen baƙin rawani daga marinan Kura yana sayar wa Abzinawa a kasuwar Kurmi, saboda haka da ɗaya daga cikin tsofaffin abokan cinikinsa ya gayyace ni garinsu, ban yi wata-wata ba. Muka bi ta Daura, muka kwana a Damagaram, sannan muka miƙe arewa ta Tanut har Agadas, inda hasumiyar masallacin ƙasa mai tsawon mita 27 ke tarbar matafiyi tun daga nesa.

Daga Agadas ne duwatsun ke farawa, baƙaƙe ƙirin, suna shimfiɗe a tsakiyar Sahara a fili mai faɗin kimanin murabba'in kilomita 84,000. Mafi tsawonsu yana kan tudun Bagzan, ya kai mita 2,022, shi ne kuma wuri mafi bisa a duk ƙasar Nijar. Jihar Agadas ta cinye fiye da rabin ƙasar, amma a ƙidayar 2012 mutanenta ba su kai rabin miliyan ba, adadin da ƙaramar hukumar Nasarawa kaɗai a nan Kano ta zarce. Mukan yi tafiyar sa'o'i ba mu ga kowa ba sai makiyayi ɗaya da awakinsa.

Dalilin haka ruwa ne. Damina gajera ce, kuma idan an yi ruwan, yakan gangaro daga duwatsu ya bi ƙoramu ya nutse cikin yashi, a gefen ƙoramun nan ne jama'a suka kafa garuruwa irin su Timiya, Iferwan da Tabelot. A Timiya na tsaya bakin wata rijiya ina kallon raƙumi yana jan guga, yaro na biye da shi, ruwan yana kwarara ta ƙananan magudanai zuwa gindin lemo, rumman da dabino. Ban taɓa ganin mutanen da ke tattalin ruwa kamarsu ba, kuma a ganina manoman rani na Kadawa suna da abin koyo a wurinsu.

Mai masaukina ya ce da ni cikin Hausarsa mai daɗi, "Ɗana, gishirin Bilma muke kai muku, mu dawo da gero da tufafi, tun zamanin kakanni." Da kaka ayarin raƙuma ke tashi ya ratsa hamadar Tenere, kuma a lokacin da nake can matasan garin sun fara ɗinkin salka da gyaran igiyoyi domin tafiyar.