Lissafin ruwan gishiri a sana'ar bandar kifi

Sana'ata bandar tarwaɗa ce, ina saro ɗanye wajen masu kiwo, mu gyara mu banda mu ƙulla a leda sai shaguna da masu oda. Mutane sun ɗauka wuta ce komai, to wuta na da nata gaskiya, amma abin da ke sa kwastoma ya dawo ko ya gudu shi ne ruwan gishirin da muke tsoma kifin ciki kafin ya hau ragar wayar da muke banda a kai. Yau ya fito lami gobe gishiri ya yi yawa, wa zai sake saye?

Ni ruwan kashi 10 cikin 100 nake haɗawa, kuma a nan ne nake fama da duk yaron da na ɗauka aiki. Sai ya auno ruwa lita ɗaya ya zuba gishiri giram 100 ya ce oga ga kashi 10. A'a malam. Lita ɗaya ta ruwa kilo ɗaya ce, giram 1000 kenan, ka ƙara gishiri 100 ya koma 1100, to da 1100 ɗin za ka raba 100, ka ninka da 100, kalkuletan wayarka zai ba ka 9 da ɗan ɗoriya. Gishirin ai shi ma yana cikin bahon, don ya narke ba ka ganinsa ba yana nufin nauyinsa ya ɓace ba. In kana son 10 cif, gishiri 100 ruwa 900. A jarka mai lita 20 kuwa gishiri kilo 2 da giram 220 muke zubawa, na ma rubuta shi da gawayi jikin bango kowa ya huta.

Mudu da gwangwani kam na hana. Gishiri mai ƙwaya da mai laushi ba nauyinsu ɗaya ba a gwangwani guda, ga shi da damina yana shan danshi ya dunƙule, sikeli kawai. Masu jefa ƙwai cikin ruwan su ga ko zai taso don gane ko gishirin ya kai ban raina dabararsu ba, amma ƙwan da ya kwana biyu ko gishirin bai kai ba tasowa yake.

Akwai masu labta gishiri wai don kifi ya daɗe, ruwa fa yana da iyaka, da ya kai wajen kashi 26 ya ƙoshi, sauran kwanciya zai yi a ƙasan baho ko ka kwana kana juyawa, asarar kuɗi ce kawai. Idan kuma haɗin ya yi ƙarfi, a ce kilo 10 ne mai kashi 20, ƙara masa ruwa kilo 10 ya sauko 10.

Ruwan da aka tsame kifi a ciki ba ma maimaitawa, kifin ya shanye wani gishirin ya kuma saki yauƙi da jini, lissafin farko ya tashi. Zubarwa muke mu wanke bahon mu sake awo.