Abin da masu karkacewar fuska suka koya mini

A makaranta an koya mana cewa jijiya ta bakwai, cikin nau'i 12 da ke fitowa daga ƙwaƙwalwa, ita ke motsa fuska. Idan ta kumbura a matsattsiyar hanyar da take bi cikin ƙashin kunne, sai ɓari ɗaya ya saki: gira ba ta ɗaguwa, ido ba ya rufuwa, baki ya karkace. Ciwon ya ci sunan Charles Bell, likitan Sikotland da ya yi bayanin jijiyar a 1821. Da wannan na ci jarrabawa. Sauran kuwa a ɗakin gashin ƙashi na asibiti na koye shi, daga bakin marasa lafiya.

Wani dattijo ɗan kasuwa bai fara da maganar ido ba. Cewa ya yi, "'Yata, in na zo kurkurar baki a alwala, ruwan zubewa yake yi a rigata." Haruffan da sai an haɗa leɓe, irin su b da m, sun gagare shi, har bisimilla sai da ƙyar. Abin da ya fi ci masa rai shi ne abokan ciniki suna ganin yatsina yake yi musu, alhali murmushi yake yi. Mu da muka tashi da cewa labarin zuciya a tambayi fuska, ina mutum zai sa kansa idan fuskar ta daina faɗin gaskiyarsa?

Wata amarya kuma ta daina zuwa biki da suna, tana jan mayafi ko a tsakar gidanta, saboda an ce iska ce ta shafe ta. Wannan zancen yana cin lokaci mai tsada, domin maganin rage kumburin ya fi aiki cikin sa'o'i 72 na farko, kuma likita ne zai tantance ko ba shanyewar ɓarin jiki ba ce. Yawancin masu ciwon suna warkewa cikin makonni ko watanni, amma idon da ba ya rufuwa sai an riƙa ɗiga masa magani, a manne shi da filasta da dare.

Yanzu kafin in ɗauko madubi mu fara motsa fuska, nakan tambayi mutum abin da ya daina yi tun da abin ya same shi. Nakan kuma kira wanda ya rako shi, miji ne ko ɗa, in ce masa ya riƙa sauraron muryarsa, kada ya yanke hukunci da abin da ya gani a fuska, kuma kada ya ƙarasa masa magana idan harafi ya maƙale.