Karnuka shida a dajin Tromso

Yau a bayan garin Tromso, arewacin Norwe, na hau amalanken ƙanƙara da karnuka shida ke ja. Kafin mu tashi haushinsu ya cika dajin, suna ta fizgar igiya. Jagorarmu na ɗage ƙafa daga birki, sai tsit. Ba ka jin komai sai numfashinsu, sama kuwa shuɗi-shuɗi, don a Disamba rana ba ta fitowa a nan.

Da muka tsaya, ta durƙusa cikin dusar ƙanƙara tana duba tafin kowane kare, tana kiransa da sunansa. Ni da na taso muna jifan karnukan unguwa, sai hawaye ya cika min ido. Tun ɗazu karen nan mai ɗingishi na bakin layinmu nake tunawa.