Tsakanin rangadi da kiɗan fim

Mutane kan ɗauka cewa wanda ya iya jita da piyano da sarewa da ganga shi ya fi kowa cika kunne a ƙungiyar makaɗa. Rangadi ya nuna mini ba haka ba ne. Ana ɗaukar irina don cike gurbi: a wannan waƙa mawaƙiya tana son piyano a ƙarƙashin muryarta, a ta gaba sarewa za ta amsa mata sau biyu ta yi shiru. Kunne ne jarina, hannu yana biye.

Hanya ma makaranta ce. Katakon jita yana kumbura da laima, ya tsuke da bushewar iska, don haka tsirkiyar da ka saita a wannan gari sai ka sake saita ta a na gaba. Wutar Amurka bolt 120 ce, ta Turai 230, kuma na'urar da ba ta ɗaukar duka biyun tana iya ƙonewa. A 2017 yarjejeniyar CITES, ta ƙasashen duniya kan cinikin dabbobi da tsirrai masu fuskantar ƙarewa, ta tsaurara doka kan itacen Dalbergia da ake ƙera jita da yawa da shi, makaɗa suka shiga binciken katakon kayansu kafin tsallaka iyaka, har aka sassauta a 2019.

Amma fim ne ya fi horar da ni. A dandamali jama'a na gabanka, in sun motsa ka ƙara musu. A fim hoto ya riga ya tsaya, hotuna 24 ke wucewa a kowace daƙiƙa. Mai tacewa, wato mai yankawa da haɗa hotunan fim, ya cire 12, rabin daƙiƙa ya tafi, bugun da ka ajiye daidai buɗe ƙofa ya sauka a banza. Sannan maganar 'yan wasa ita ce gaba. Sarewa da jita suna yawo a inda muryar mutum take, in na saka su ƙarƙashin zance mai nauyi sai su cinye kalmomin. Sanin kayan kiɗa da yawa a nan yake biyana, domin nakan san wanda zan janye.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne kiɗan aro da ake ɗora wa fim lokacin tacewa. Darakta ya yi ta jin sa har ya shaƙu da shi, sai ya ce in yi masa irinsa sak. Ba na ganin laifinsa, amma fim ɗin ne ke asara, yana sanye da rigar da aka ɗinka wa wani. Ennio Morricone, mai tsara kiɗan fim ɗan Italiya, ya rubuta wa darakta Sergio Leone kiɗan fim ɗinsa na 1968 tun ba a fara ɗauka ba, aka riƙa kunna shi a wurin ɗauka 'yan wasa suna takawa a kansa. Shi ya sa yanzu nake roƙon a ba ni labarin tun yana kan takarda, in aika da 'yan gajerun kaɗe-kaɗe nawa kafin mai tacewa ya nemi na wani.