Dare ɗaya a motar darakta a Avignon

Shekaranjiya na dawo daga Avignon da ke kudancin Faransa, amma har yanzu kunnena bai daina jin kiran lambobi ba. Hanya ba ta da labari, in ban da wani jami'i a filin jirgi da ya riƙe fasfo ɗina da yatsu biyu kamar tsumma, ko gaisuwata bai amsa ba. Daga Paris jirgin ƙasa ya kai ni cikin ƙasa da awa uku.

Garin a watan Yuli cike yake maƙil saboda bikin wasan kwaikwayon da Jean Vilar ya kafa a 1947. Bango, sanda, bishiya, ko'ina fosta. Tsada kuwa sai wanda ya gani. Ɗan ɗakin da na kama ya lashe rabin yuron da na tanada.

Abin da ya kai ni shi ne ganin yadda ake ɗaukar wasa da kyamarori yana gudana, a farfajiyar tsohuwar fadar Paparoma mai cin mutum kusan 2,000, ba rufi sai sama. Wata dattijuwar darakta ta yarda na zauna bayanta a motar aiki, inda ake ganin hotunan duk kyamarori ana zaɓa, har ta raba burodinta da ni. Ta ce da jan wayar kyamara ta fara, ta koma riƙon kyamara, ta daɗe tana mataimakiya kafin a ba ta kujerar.

Littafin wasan da ke gabanta ya sha fensir. Ta halarci atisaye, ta sa wa kowane hoto lamba, ta rubuta kyamarar da za ta ɗauke shi. Da aka fara wajen ƙarfe goma na dare, mataimakinta na kiran lamba, ita tana kaɗa yatsa, mai maɓalli na sauya hoto. Ni da na saba da kyamara ɗaya, in an yi kuskure in ce a sake, sai zufa ta karyo min. Nan wa za ka ce wa ya sake?

Can tsakiyar wasa iskar Mistral, wata iska mai ƙarfi ta yankin, ta taso, wani ɗan wasa ya kauce daga inda aka tsara masa. Na zata za ta bi shi. Ina! Sai ta tsaya kan fuskar matar da ke sauraronsa, ta daɗe a kai.

Bayan an tashi na ce, "Madam, me ya sa kika bar mai magana?"

Ta ce muryarsa ai kowa na ji, fuskar matar ce na kujerar baya ba zai taɓa gani ba.

Washegari na leƙa tsohuwar gadar garin da ta ƙare a tsakiyar kogin Rhône, ban daɗe ba. Paris kuwa barci kawai na yi.